Tafiyar Yaya Dencio

Akwai wani ɗan wasan barkwanci da aka yi a nan Manila lokacin da talabijin ke sabon shigowa, sunansa Pilo Magsino. Ni dai ban taɓa ba da labarinsa raina bai ɓaci ba.

Ya daɗe yana wasa ba wanda ya san da zamansa. Yayansa Dencio ke ciyar da shi da tallar taho, wata irin awara mai laushi da zaƙi, a unguwar Tondo, bokiti biyu rataye a sanda, yana tafe yana jan ƙafar hagu. Lokacin yaƙi ƙafar ta lalace, garin ciro Pilo daga gidan da ya rufta.

Wata rana Pilo na gaban kyamara, 'yan kallo suka ƙi dariya. Wasan kai tsaye ne, ba a sakewa. Da ya rikice sai ya saɓa tsintsiya a kafaɗa, ya ja ƙafa, ya rangaɗa "Tahooo!" da muryar yayansa sak. Wuri ya kaure da dariya. Daga ranar sunansa ya fito.

A layinsu talabijin ɗaya ce, ta gidan mai kanti, ta taga jama'a ke leƙe. Kowa ya gane wanda ake kwaikwaya. Yara suka fara bin Dencio suna ɗingishi.

Ya je ya sami ƙanensa.

"Pilo, don Allah ka canja wani abin. Yara sun hana ni sakat."

"Haba Yaya, wasa ne fa! Ai na sa an san ka. Ajiye bokitan nan ma, ni zan riƙe ka."

"Ba roƙo na zo ba. So nake in bi layinmu kamar kowa."

"To, mako mai zuwa zan daina."

Ina! Bai daina ba, tafi ya yi masa daɗi. Dencio ya bar talla, ya daina fita ko ƙofar gida. Shekara ba ta zagayo ba ya rasu.

Ranar binne shi aka bi akwatin gawa a ƙasa zuwa maƙabarta, Pilo na gaba. Bai ci ba, bai runtsa ba, ƙafafunsa suka ƙi ɗaukarsa, ya fara jan su. Yaran bakin titi suka hango shi.

"Kai, ga Pilo can! Ya fara, ya fara!"

Suka jeru a bayansa suna ɗingishi, suna ihun "Tahooo!"

Pilo ya zube a tsakiyar titi yana kuka. "Ku bari! Yayana ne a ciki!"

Wallahi yaran sun ɗauka cikin wasan ne. Sai suka ƙara tafi.

Bai sake tsayawa gaban kyamara ba har ya mutu.

Darasi: Kada ka mai da raunin wanda ya tsaya maka abin dariya don a tafa maka. In ya ce ya ji zafi, ka daina a ranar. Ku tura wa 'yan uwa, wataƙila wani ya karanta ya daina tun yayansa na da rai.