Dutsen Hankalin Dagaci da Inuwar Mangwaro

Wai an yi wani dagaci, Ɗan'azumi, da ya sayo dutse garai-garai kamar ƙanƙara ya ajiye a tagar zaurensa. Ya ce hankalin mutum haske ne, nasa kuwa a dutsen nan yake kwana, sai rana ta haska dutsen yake farkawa.

Matsalar ita ce mangwaron Tasalla mai ƙosai, da ke rufe tagar da inuwa kullum da la'asar. Ya sa aka kirawo ta.

"Ki kwashe inuwar nan ki bar bishiyar, don ina shan 'ya'yanta. In kin kasa, ki tashi daga garin nan."

Tasalla ta durƙusa. "Ranka ya daɗe, yanzu dutsen a haske yake?"

"Ba ki gani? Inuwarki ta rufe shi."

"To, hankalin na barci ke nan. Wa ya yanke hukuncin?"

Dagaci ya sosa ƙeya. "Ki dawo da hantsi, in ya farka."

Da hantsi ta dawo, dutse na ta walƙiya.

"Ga ni, ranka ya daɗe. Wace inuwar zan kwashe?"

Ya dubi taga, ya dubi dutse, sannan ya tambaye ta ko akwai sauran ƙosai.