Ina Zuwa, Baba

Akwai wani tela da kowa ke kira Ina-Zuwa. Duk wanda ya kira shi, amsar ke nan: "Ina zuwa." Zuwan kuwa, sai ka gaji da jira ka bi shi da kanka.

Shagonsa yana jikin gidansu. Bango ɗaya ne ya raba shi da ɗakin mahaifinsa, tsoho mai son hira wanda ciwon ƙafa ya hana yawo. Kullum da hantsi tsohon zai ƙwanƙwasa bangon da sandarsa, telan ya ɗaga murya sama da ƙarar keken ɗinki: "Ina zuwa, Baba!"

Da aka fara sayar da wata na'ura mai miƙar da lokaci, shi ne a kan gaba. Girmanta bai fi ƙaramin rediyo ba. Idan ka murɗa ta, sai yini ya miƙe a ɗakin da take, ka yi aikin kwanaki kafin rana ta faɗi.

Mai sayarwa ya fara yi masa bayani cewa ba ƙirƙirar lokaci take yi ba, jawo shi take daga kusa kamar injin jan ruwa, don haka a lura da inda za a ajiye ta. Telan bai bari ya kai aya ba. Ya rungumi kwalinsa ya ce yana zuwa.

Ya ɗora ta a kan kantar shagon, jingine da bangon nan. Aiki ya riƙa gudu. Mutumin da ake yi wa ba'a da saɓa alkawari ya zama shi ke kiran masu kaya su zo su karɓa. Har ƙwanƙwasar bango ta ragu, kuma gaskiya abin ya yi masa daɗi.

A cikin gida kuwa, kan kowa ya ɗaure.

Tsohon ya fara cewa ana sace masa yini. Wai yana ɗaukar kofin shayi da safe, kafin ya kai rabi duhu ya shigo ta taga. Matar telan ma ta rasa gane kanta: za ta shiga ta ajiye wa surukinta abinci ta fito, sai ta tarar da tukunyarta ta ƙone ƙurmus. Ta ɗora laifin a kan surutun tsoho, alhali gaisuwa kawai suka yi.

Aka yi ta dariyar maganar satar yini, har ta daina ba da dariya. Yayar telan ta zo ta duba, ta ce babu wata tantama, ruɗewar tsufa ce, a kai shi asibitin masu taɓin hankali. Tsohon ya yi ta rantsuwa cewa kansa ƙalau yake. Ba wanda ya saurare shi, shi ma telan ya gyaɗa kai ya koma kan kekensa.

Ranar tafiya, Yaya ta yi sammako ta je asibitin ta kama musu layi. Telan ya bar na'urar a kunne, ya zagaya don ya ɗauko tsohon. Rabonsa da ɗakin da rana har ya manta.

Ya same shi zaune a bakin gado, ya sa babbar rigarsa, sanda a kan cinya.

"Zauna, ɗana," in ji tsohon. "Ka yafe mini. Na yi ta jin haushinka a raina, ina cewa guduna kake yi. Ashe kaina ne ya taɓu. Wataƙila kana zuwa, ni ne nake mantawa."

Telan kuwa ya san bai taɓa zuwa ba. Ya sunkuya yana ɗaura masa takalmi. Da ya ɗago, sai ya ga hasken taga ya yi ja. Ya leƙa waje: rana tana faɗuwa. Ya duba wayarsa, kiran Yaya ya cika ta. Ya dubi kofin shayin da ke gefe, har yanzu yana tururi.

Ya kasa kunne. Ta cikin bango yana jin ɗan kukan na'urar, sai maganar mai sayarwa ta faɗo masa. Kunya ta rufe shi. Ashe ɓarawon yinin da tsoho ke nema, shi ne.

Ya fita da gudu ya cire na'urar, ya kawo ta ɗakin, ya jingina ta da bangon ta wannan ɓangaren. Daga ranar, shago ne yininsa ya gajarce, masu kaya suka koma mita. Bai damu ba.

Tsohon ya dube shi cikin ruɗani ya tambaya ko ba za a je asibitin ba ne.

Telan ya durƙusa a gabansa, hawaye na zuba. "Kanka ƙalau yake, Baba. Ni ne na ɗauke maka yininka. Ga shi na dawo da shi, kuma yau na zo."

Darasi: Lokacin da kake ganin ka samu a sama, daga hannun wani mai jiranka ka karɓe shi. Kafin ka sake ce wa iyayenka "ina zuwa", tuna cewa yininsu ya fi naka gajarta. Tura wa wanda ka san ana jiransa a gida.