Jar Inuwar Sarki Ranau

An yi wani sarki a ƙasar Kandamo, sunansa Ranau ɗan Jatau, ma'abucin ƙasaita da kwarjini, wanda ba a taɓa jin ya faɗi magana ya janye ba. Amma ku sani, ya ku masu hankali, ba da sarki mutanen Kandamo suka fi alfahari ba, ba kuma da ganuwarsu ba. Abin tinƙahonsu wani tauraro ne da Allah Ya ƙawata samaniyarsu da shi, suna ce masa Bajimi. Kai, tauraro ne fa! A ido ya kai faifai, ja wur kamar garwashin maƙera. In damina ta ja baya yakan ɓullo daga gabas da la'asar, ya yi ta fitowa har a gama kai amfanin gona gida. Don tsananin haskensa, a lokacinsa kowane mahaluƙi inuwa biyu gare shi: baƙa ta rana ta miƙe gabas, ja ta Bajimi ta miƙe yamma.

Ba bauta masa suke yi ba, wa'iyazu billahi. Aya ce ta Ubangiji suka rataya wa alkawari. Tun kaka da kakanni, duk wanda aka koro, ko me ya aikata, in ya faɗa cikin jar inuwar mutum ya ce, "Na shiga," to ya zama amanar mai inuwa: cinsa, shansa da tsaron ransa, har tauraro ya faɗi a kai shi gaban alƙali. Kuma ba mai shelar faɗuwarsa sai sarki, a tsaye kan wani fa da ake kira Dutsen Shela, jama'a na duban ƙasa su shaida inuwarsa ta koma ɗaya. Shi ya sa ɗan Kandamo ko a baƙuwar kasuwa ya ce, "Ni ɗan inuwa biyu ne," ba a neman ya rantse.

Ana nan, a wata kaka, aka shigo da gawar Ciroma Bagudu, ɗan da sarki ya fi ƙauna, da kibiya a wuya. Kibiyar kuwa kowa ya san ta, ta wani maharbi ce, Jimrau. Dogarai suka dafa masa. Ya shigo gari a guje yana neman inuwa, manyan fadawa masu cika baki suka yi ta afkawa zaure suna tattare riguna, kada tasu ta taɓa shi. Tir! Sai ga sarki ya dawo daga maƙabarta a ƙasa, idanunsa jajur. Jimrau ya zube cikin jar inuwarsa, ya ce, "Na shiga!"

Sarki ya dube shi cikin fushi, ya wuce gida. Aka kai Jimrau wani ɗaki a fada.

Da gari ya waye sarki ya kira wazirinsa Mijinyawa, dattijo masanin shari'a da al'ada, wanda ya yi wa mahaifinsa hidima kafin shi. Ya ce, "Waziri, ƙasar kabarin ɗana ba ta bushe ba, ga wanda ya kashe shi yana jiran tuwo daga gidana. Wallahi ba zan jira faɗuwar tauraro ba. Nemo mini ƙofar da zan kashe shi ba tare da an ce Ranau ya karya al'ada ba. In ka kasa, ka ajiye rawaninka a nan."

Kafin Waziri ya buɗe baki, fadawa suka yi caa. Wannan ya ce a zuba wani abu a tuwon, wancan ya ce a bar ƙofa a buɗe ya gudu a tare shi a daji. Su ne fa masu tattare riguna jiya!

Waziri ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Allah ya ja zamanin sarki, Ya ba ka haƙurin wannan rashi, ni ma a hannuna Ciroma ya yi tatata. Abin da suka faɗa ha'inci ne, bai dace da gidan Jatau ba. Ƙofa ɗaya ce tak, kuma mabuɗinta na bakinka. Amana tana ƙarewa ne da shelar sarki. Ka hau Dutsen Shela yau, ka ce Bajimi ya faɗi. Daga nan Jimrau ba amanar kowa ba ne."

Sarki ya ce, "Haka kawai?"

Ya ce, "Haka kawai, ranka ya daɗe. Ba wanda ya isa ya musa maka."

Aka buga tambari. Da la'asar filin ya cika maƙil, domin ba a taɓa jin shela da wuri haka ba, dawa ma ba ta nuna ba. Bisa al'ada, kowane mai amana ya zo da amanarsa a bayansa. Sarki ya hau dutse, Waziri na gefe. Ya duba, sai ya ga wata tsohuwa mai ginin tukwane, Inna Kyauta, ta dogara sanda, bayanta wani makiyayi wanda manoma ke nema ruwa a jallo, su ma ga su can riƙe da kulake suna jiran kalma ɗaya. Ya ga wani maƙeri ya tsaya ƙyam gaban mutumin da ya taɓa ƙona masa rumbu. Irinsu ba iyaka. Ba wanda ya ɗaga kai ya dubi sarki. Duk ƙasa suke kallo, inda jar inuwarsa ta kwanta zungureriya, ko makaho ya shafa ya ji ta.

Waziri ya sassauta murya, ya ce, "Bismilla, ranka ya daɗe. In ka faɗa, ni zan fara cewa amin, kuma kafin magariba ka sami kan Jimrau. Sai dai shela ba ta zaɓe, duk na bayan mutanen nan sun fita daga amana tare da shi. Baɗi kuma in tauraro ya fito, kowa ya san sarki na iya kayar da shi da baki. Ni dai na nemo ƙofa, shigarta sai kai."

Sarki ya daɗe yana duban inuwarsa. Hawaye suka zubo masa, bai share ba. Can ya ɗaga murya, ya ce, "Ya mutanen Kandamo! Na tara ku ne ku shaida: Bajimi na nan, bai faɗi ba. Kowa ya riƙe amanarsa, ni ma zan riƙe tawa."

Wayyo, zo ka ji guɗa! Inna Kyauta ta ɗaga sanda tana cewa, "Ɗan Jatau, ka haifu!" Manoman nan suka sauke kulake suna sosa ƙeya.

Tun daga ranar, akushin da aka zuba wa sarki, daga shi ake ɗibar wa Jimrau, sarki kuwa bai taɓa iya duban fuskarsa ba. Da tauraro ya faɗi don kansa, aka yi shela ta gaskiya, aka gurfanar da shi. Nan shaidu suka tabbatar Ciroma ya ɗaura burtu a ka, wato kan tsuntsun da maharba ke ɓad da kama da shi, ya shiga ciyawa yana sanɗar barewa, Jimrau ya hango motsi ya saki kibiya. Alƙali ya ce kuskure ne, ba ganganci ba. Sarki ya yafe, maharbi ya koma ga iyalinsa.

Sa'an nan sarki ya sa aka kawo jar alkyabbar da sarakunan Kandamo kaɗai ke sawa, ya yafa wa Waziri da hannunsa, ya ce, "Na ce ka nemo mini ƙofa, ka kai ni bakinta, ka bar ni na ga abin da ke bayanta. Daga yau, kai da duk wanda ya gaje ka, ba sarkin da zai hau dutsen nan sai kuna gefensa."

Shi ya sa masu hikima na Kandamo ke cewa: tsare talaka daga maƙiyi aikin kowane sarki ne, amma adali shi ne wanda ya tsare maƙiyinsa daga fushin kansa.