Ludayi Biyu da Rabi

Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo, kunnuwanmu a buɗe suke.

Wata shekara zazzaɓi ya kwantar da 'ya'yan Zomanya, su goma. Ta ruga wurin Kunkuru, tsohon mai magani. Ya dafa saiwa ya tace, abin da ya fito ludayi biyu da rabi ne kacal, kuma saiwar ba ta sake tsirowa sai damina.

Kura na gefe tana lasar baki. Ta ce, "Ludayi biyu da rabi ga yara goma? Zaɓi biyu ki ba su. Sauran ki bar mini, in hutar da ke haƙa kabari."

Zomanya ta dubi 'ya'yanta ɗaya bayan ɗaya, ta rasa wanda za ta cire. Ta ce, "Baba, yaya zan yi?"

Kunkuru ya ce, "'Yata, kwatan ludayi ya ishi kowane yaro. Kwata nawa ke cikin ludayi guda?"

"Huɗu."

"Cikin biyu fa?"

"Takwas."

"Rabin da ya rage?"

Ta ƙirga a zuci. Can ta ce a hankali, "Biyu. Baba, goma ke nan."

Ta shiga aunawa tana ba su, ɗigon ƙarshe ya sauka a bakin auta. Dabbobin da suka taru duk suka riƙe baki, don ba su taɓa ganin an raba biyu da rabi goma ta fito ba. Kwana uku, yaran nan suka miƙe suna tsalle cikin ciyawa.

Ƙurunƙus kan ɗan ɓera, nan ta tsaya.