Jan Furen Gurjiya

Dalilin da ya sa gurjiya take fure ja wur da tsakar rani, ba ko ganye ɗaya a jikinta, ku matso ku ji.

A da can, farin fure take yi da damina, ganye ya lulluɓe shi, ba mai ko kallonsa. To, a wani ƙauye akwai wata tsohuwa, Hakama, mai rina fata ja da karan dafi. Ɗanta Jatau ya bi fatake sayo gishiri. Suna can, gobara ta cinye daji, ta shafe hanya kaf, ko'ina sai farin toka. Kuma duk yankin ba ruwa sai rijiyar ƙauyen. In fatake suka kauce mata, ƙishirwa ce ajalinsu.

Hakama ta kasa zama. Ta tafi wurin Tsamiya ta ce, "Ki yi fure mana, ko yaran nan sa hango gida."

Tsamiya ta ce, "Iya, ni sai ruwa ya sauka."

Ta wuce wurin Gurjiya da ke kan tudu, ta durƙusa. Gurjiya ta ce, "Tashi, Iya. Ruwan jikina ba zai ɗauki ganye da fure ba. Amma zan zubar da ganyen, kowa ya yi mini dariya."

Ta karkaɗe ganyenta tas, fure ya fito. Sai dai fari ne, ya saje da toka.

Hakama ta koma gida ta dafa karan dafi tukunya guda, ta ɗaure zani, ta hau bishiyar nan, ƙaya tana yagar tafin hannunta. Fure bayan fure take tsomawa, har rini da jininta suka gauraya.

Can cikin daji, jakai sun fara durƙushewa, sai Jatau ya ɗaga kai ya yi ihu: "Wannan jan, rinin uwata ne! Ku biyo ni!" Duka suka iso da ransu.

Hakama ta kawo ruwa za ta wanke furen, Gurjiya ta ce, "A'a, Iya. Wannan ado ba aro na yi ba."

Shi ya sa har yau, in rani ya tsananta, za ku ga gurjiya tsaye ba ganye, kanta a sama, ja kamar garwashi.