Sulken da Ya Hana Nuru Gudu

Akwai wani mutum a Dugabau ta ƙasar Kabo, sunansa Hammadu. Kakanninsa makiyaya ne, shi kuma noma ya riƙe, da 'yan shanu a bayan gida. Ba shi da yawan magana. Idan ya ce "to", an gama.

Yana da ƙane, Muhammad Nur, amma kowa Nuru yake ce masa. Ɗan acaɓa ne tsakanin Kabo da Gwarzo. Siriri, mai saurin ƙafa, mai dariya.

Idan rana ta yi zafi fasinja ya ɗauke, Nuru kan shiga shagon wani mai suna Baƙo a Gwarzo ya buga gem, wasan na'ura da ake yi a talabijin. Shago ne ƙarami: talabijin ɗaya, na'ura ɗaya, benci biyu, da janareta a baya. 'Yan Hisba sun bar Baƙo ya buɗe bisa sharaɗi. Babu caca, kuma da an kira salla a kashe komai.

Wasan da Nuru yake so na wani jarumi ne da ke ratsa tsohon birni yana yaƙar dodanni. Duk abin da ya tsinta, takobi ko garkuwa, sai ya shiga jakarsa. Nuru ya sa wa jarumin sunansa. Ya daɗe yana rainonsa.

Sai ciwo ya kwantar da shi. Hammadu ya kai shi asibiti, ya dawo da shi gida, ya sake mayar da shi. Jiki sai ƙara zubewa yake.

Wata safiya Nuru ya buɗe ido ya ce, "Yaya, akwai jarumina a shagon Baƙo. Saura dodo ɗaya a kan gada. In ban tashi ba, ka ƙarasa min."

Da murmushi ya faɗa. Hammadu bai yi murmushi ba. Ya ce, "To."

Nuru bai tashi ba.

Bayan an share makoki, Hammadu ya tattara kayan mamacin, babur da buhunan wake da tufafi, ya zuba a ɗaki ɗaya ya sa kwaɗo. Ya rataya mukullin a wuyansa. Limamin unguwa ya ce a gaggauta raba gado, tunda Nuru ya bar mata, Zulaihat, da 'yar ƙaramar yarinya. Hammadu ya ce za a yi. Amma duk ranar da ya tsaya a ƙofar ɗakin, hannunsa ba ya iya kaiwa wuyansa.

Ranar kasuwar Gwarzo ya nemi shagon Baƙo. Ya yi sallama, aka gaisa, aka yi masa ta'aziyya. Sannan ya ce, "Na zo ƙarasa aikin Nuru."

Baƙo ya dube shi, ya ga ba wasa yake ba. Ya kunna na'ura, ya miƙa masa hannun gem, ya nuna masa inda ake dannawa. Jarumi ya bayyana da 'yar rigar fata, da gajeren takobi, da ƙaramar garkuwa. A saman kansa an rubuta Nuru.

Hammadu ya daɗe yana kallon sunan.

Ya tura jarumin kan gada. Wani ƙaton dodo ya fito da kulki kamar gungumen itace. Bugu ɗaya, Nuru ya faɗi.

"Inna lillahi," in ji Hammadu.

"Zai tashi, Malam Hammadu," Baƙo ya ce. "A nan ana tashi."

"Da wannan 'yar rigar kuke tura shi? Ba shi da wasu kayan?"

Baƙo ya buɗe masa jakar. Cike take. Sulken ƙarfe, kwalkwali, takalman ƙarfe, garkuwa mai tsawon ƙofa, gatari mai baki biyu. Nuru ya kwaso su a zuwansa na ƙarshe, bai samu ya tantance ba.

"A sa masa duka."

"Duka ba za su yi ba. Ka ga wannan layin? Ma'aunin nauyi ne. Abin da ke jikinsa da abin da ke jakarsa duk yana hawa kai. In ya wuce rabi, gudunsa zai ragu. In ya cika, ba zai iya mirginawa ya goce wa bugu ba, kuma numfashinsa zai riƙa ƙarewa da wuri. Wannan dodon ba a tare shi. Goce masa ake yi."

"A sa masa duka," Hammadu ya maimaita.

Aka sa. Layin ya cika ya yi ja. Jarumin ya ɗaga ƙafa da ƙyar, kamar mai tafiya cikin laka.

A bencin baya akwai Nata'ala, maƙeri ne mai rumfa kusa da shagon, kuma tsakanin maƙeri da Bafulatani sai tsokana. Ya kwashe da dariya.

"Ɗan Fulani, wannan jarumi ne ko jakin 'yan tireda? Ka bar ƙarfe ga masu ƙarfe. Ka ba shi sanda mana, ita kuka gada."

Hammadu bai juya ba. Ya tura Nuru kan gada. Dodo ya buga, garkuwa ta tare. Ya sake bugawa, numfashi ya ƙare, garkuwa ta kauce. Hammadu ya danna wurin mirginawa, jarumin ya kife kamar buhu ya kasa tashi. Kulki ya sauka.

"Ka gani?" Hammadu ya ce. "Yanzu sai da ya sha bugu da yawa kafin ya faɗi. Ƙarfen yana aiki."

Daga ranar, duk kasuwa sai ya zo. Yana sayar da abin da ya kawo, ya wuce shagon. Ya ƙware a abu ɗaya: ya ɗaga garkuwa ya tsaya. Kullum a wuri ɗaya yake faɗuwa, kuma kullum sai ya yi salati.

Baƙo ya gwada shi ta wata hanya. "To a rage na jaka kawai. Gatarin nan ba ka amfani da shi."

"Kayan mamaci ne. Ba na zubar da kayan mamaci."

"Haba, Malam Hammadu. Wannan ba dukiya ba ce, hoto ne. Kuma ba zubarwa za ka yi ba. Akwai akwati a bakin gadar, ka ajiye a ciki, babu mai taɓawa."

"Shi ya tsinto su da hannunsa. In raba shi da su?"

"Shi ai da rigar fata ya zo har nan," Nata'ala ya sa baki. "Na sha ganinsa. Kamar fara yake tsalle."

"Kuma ina yake yanzu?" Hammadu ya ce.

Nata'ala bai sake tsokanarsa ba a ranar.

Baƙo ya taɓa cewa a ba shi hannun gem ɗin ya kashe dodon a madadinsa. Hammadu ya ƙi. Shi aka ce wa, shi ya amsa.

Ana cikin haka aka ƙara kuɗin mai. Janareta ya koma cinye duk abin da shagon ke kawowa. Masu zuwa suka ragu, kowa na fama da abin sawa a tukunya. Baƙo ya yi iya haƙurinsa, daga baya ya nemi mai saye a Kano.

Ya faɗa wa Hammadu gaskiya. "Kasuwa mai zuwa zai zo ya ɗauka, bayan la'asar. Kuma jarumin a cikin na'urar yake, ba a ciro shi. Mutumin goge komai zai yi ya zuba wasan ƙwallo."

Hammadu ya tambaya ko za a jira kaka. Baƙo ya girgiza kai. Shi ma da iyali.

Safiyar ranar, Hammadu yana ɗaura kaya a keke, sai Zulaihat ta fito. Ta gama takaba tuntuni. Ta durƙusa ta gaishe shi.

"Yaya, maganar ɗakin nan. Ko waken ne a fito da shi. Ina jin wani wari idan na wuce."

"Za a buɗe."

Sannan ta ce, ba tare da ta ɗaga kai ba, "Da shi ne, da tuni ya buɗe. Shi ba ya riƙe abu. Ko a ciwon nan, in na lulluɓa masa bargo sai ya ture da ƙafa, ya ce na danne shi."

Hammadu ya hau keke ya kama hanya. Amma maganar ta bi shi har Gwarzo. Ya tuna da kansa ya ga hakan a asibiti. Shi ne ma ya riƙa mayar da bargon, Nuru yana turewa.

Bai shiga kasuwa ba. Shagon Baƙo ya nufa. Ya tarar da Baƙo yana juye ɗan man da ya rage a janareta.

"Shi ke nan abin da ke akwai," Baƙo ya ce.

Hammadu ya zauna. Ya ce, "Nuna min akwatin."

Baƙo ya nuna masa. Ya cire kwalkwali ya sa a ciki. Ya cire takalman ƙarfe. Ya ajiye gatari da babbar garkuwa. Da ya zo kan sulke ya tsaya, yatsansa a kan madanni, kamar wanda aka ce ya tuɓe ɗansa a cikin ruwan sama. Sannan ya danna.

Jan layin ya sauka ƙasa da rabi. Rigar fata ta dawo, da gajeren takobi.

Ya tura 'yar sandar da ke jikin hannun gem gaba kaɗan, jarumin ya zabura a guje.

Hammadu ya saki baki. Tun da yake zuwa shagon bai taɓa ganin gudunsa ba. Ya kai shi ƙarshen fili, ya dawo da shi, ya sake kai shi. Haka Nuru yake gudu tun yana yaro, idan maraƙi ya kufce.

"Malam Hammadu, mai fa," Baƙo ya ce a hankali.

Ya hau gada. Sai dai yatsunsa abu ɗaya suka iya. Da dodo ya ɗaga kulki, ya ɗaga garkuwa ya tsaya kamar kullum. Bugu ɗaya ya faɗi.

"Mirgina, ɗan Fulani!" Nata'ala ya yi ihu daga ƙofa. Ya bar rumfarsa a buɗe. "Hagu! Ka shige ƙarƙashin hannunsa!"

Ya sake faɗuwa. Ya sake. Abin da ya kamata ya koya tun zuwansa na farko, yau yake koyonsa a gaggauce. Amma a hankali hannu ya fara kamawa. Ya goce, ya sara, ya ja baya ya huta. Layin ran dodon ya fara raguwa, abin da bai taɓa yi ba. Ya wuce rabi. Shagon ya cika da mutane, babu mai zama. Saura ɗan kaɗan, kamar faɗin farce.

Janareta ya yi tari. Ya sake yi. Talabijin ya yi baƙi.

Mai ya ƙare. Nata'ala ne ya fizgi galan ya fita a guje wajen masu bumburutu. Na farko ya ce ya ƙare, na biyu ya rufe. Kafin ya samu a can wajen tasha, an kira la'asar. Baƙo ya ja ƙofa, suka tafi masallaci.

Da suka dawo, mai sayen yana tsaye da kwali, motar haya tana jiransa a bakin titi da fasinja.

Hammadu, wanda ba a taɓa jin ya roƙi kowa ba, ya ce, "Alhaji, don Allah, ɗan lokaci kaɗan."

"Wallahi Malam, da motata ce da na jira. Ka ji direba yana ta ham."

Aka naɗe wayoyi, aka rufe kwali. Nata'ala yana tsaye da galan a hannu, gumi na zuba. Ya buɗe baki zai yi tsokana, ya fasa.

"Saura ƙiris ka kashe shi," ya ce.

"Da na ji maganarku tun farko," Hammadu ya ce. Bai ƙarasa ba.

Washegari da hantsi ya tsaya a ƙofar ɗakin, ya ciro mukullin daga wuyansa. Igiyar ta bar masa shaida a fata. Ya kira Zulaihat, ya aika a kira liman.

Da aka buɗe, warin ya fara fitowa. Ƙwari sun huda waken, rabinsa ya zama gari. Ɓeraye sun yi gida a tufafin. Tayoyin babur sun sace sun tsage, aka yi ta buga shi bai tashi ba.

Zulaihat ta shiga ɗakin. Ta ɗauko faifai ta zauna tana sheƙe waken, tana ware abin da ya tsira. 'Yarta tana jingine da ita.

Can ta ce, "Yaya, ka ƙarasa masa?"

Hammadu ya dubi mukullin a tafinsa.

"Ban ƙarasa ba," ya ce. "Amma na ga gudunsa."

Ya ajiye mata mukullin a gefen faifai.

Darasi: Ba duk abin da ka ɗora wa wanda kake so ne kariya ba. Wani nauyin tsoronka ne, ba buƙatarsa ba. Ka ɗauki abin da tafiya za ta yiwu da shi, ka ajiye saura, kuma ka ji shawara tun da sauran lokaci. Kayan mamaci kuma a raba su da wuri, domin kulle su ba ya dawo da shi, masu rai yake cutarwa. Ku tura wa 'yan'uwa su karanta, wataƙila akwai mai mukulli a wuya a cikinsu.