Idon da Malam Tanimu Ya Cire Daga Ƙofar Mutane

An yi wani mutum a wani gari, ba a zamanin da ba, a wannan zamanin namu na waya a hannun kowa. Sunansa Malam Tanimu, sana'arsa gyaran keken ɗinki. Garin ba zan faɗa ba, amma mutumin na san shi, mun ci tuwo a kwano ɗaya, kuma har gobe in aka ambace shi sai na ji kaina ya ƙara girma. Ku gyara zama. Kai mai latsa waya a jikin ginshiƙi, labarin nan fa har da kai.

Wannan bawan Allah yana da ɗa mai aiki a Legas. Ɗan ya zo hutu ya maƙala masa ƙararrawa a ƙofar gida, irin mai kyamarar nan. Baƙo ya danna, wayar maigida ta yi ƙara, ya ga fuskarsa, ya ji muryarsa, ko yana tsakiyar kasuwa. Ko ba a danna ba, in mutum ya tsaya a ƙofar sai ta ɗauke shi ta adana.

Da 'ya'ya suka watse, gida ya yi wa Malam Tanimu da iyalinsa girma, sai ya sayar wa wata baiwar Allah, Hajiya Turai, ma'aikaciyar asibiti da mijinta ya rasu. Ita da 'yarta Furera suka tare. Ya miƙa takardu, ya miƙa makullai har da na akurkin kaji. Ƙararrawa da ɗan akwatin intanet ɗinta ya bar musu kyauta. Ita Hajiya ta ɗauka ƙararrawa ce kawai, tunda in an danna tana ji a tsakar gida. Shi kuma ya manta cewa abin yana jikin bangonsu, amma har yanzu wayarsa yake kai wa rahoto.

Kwana uku da tashi, yana shago, waya ta yi ƙara. Ya duba, sai ga mai ruwa da kurarsa a tsohuwar ƙofarsa. Ya yi dariya ya ajiye. Washegari ta sake. Wannan karon Hajiya Turai ce ta leƙo da tsintsiya, da kayan zaman gida da ɗankwali, ba mayafi, tana ganin babu kowa a layi. Malam Tanimu ya kife wayar a kan benci kamar ta ƙone shi, yana ta istigfari. Ya ce gobe zai je a gyara. To, salla ta matso, teloli sun cika masa shago, gobe ta koma jibi. Ba mala'ika nake ba ku labari ba, mutum ne, ya yi sakaci na kwana tara.

Ku saurara, yanzu aka zo wurin.

Yana da wa, Alhaji Gambo. Shi ya riƙe shi tun rasuwar mahaifinsu, shi ya kai shi koyon sana'a, shi ya yi masa aure. Malam Tanimu da furfurarsa bai taɓa zama a kujera ba in Yaya yana kan tabarma. Sai Allah ya sa ɗan Alhaji Gambo, Nafi'u, ya ga Furera ya ce yana so, magana har ta kai ga manya, an shiga bincike kamar yadda aka saba kafin aure. A cikin hira Malam Tanimu ya yi suɓul da baka ya ambaci zancen ƙararrawar. Idon Alhaji Gambo ya buɗe tarwai.

"Tanimu! Ashe Allah ya kawo mana sauƙi kana zaune a kai? Kada ka taɓa ta. Wata ɗaya kawai. Mu ga su wa ke zuwa zance, da wace mota, mu ga yadda yarinyar take fita."

"Yaya, ai gidan ba nawa ba ne yanzu."

"Wa ya ce ka shiga? Ƙofa ce fa kawai. Maƙwabta ƙarya suke yi a bincike, kowa na tsoron a ce shi ya ɓata aure. Wannan kuwa ba ta ƙarya. Nafi'u ba ɗanka ba ne?"

"Ɗana ne, Yaya."

"To ni da na riƙe ka, na taɓa roƙonka wani abu?"

Wallahi jama'a, bai taɓa ba. Nan ne abin ya yi wa Malam Tanimu nauyi. Shekara hamsin bai ce wa mutumin nan a'a ba. Ya san in ya ƙi, Yaya ba mai mantuwa ba ne. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Yaya, ka ce in ba ka shagon nan, yanzu zan miƙa makulli. Amma matar nan ta amince da ni ta kwana a gidan. A je a tambayi mutane ido da ido, yadda aka yi a aurena. Wannan kam ba zan iya ba."

Alhaji Gambo ya miƙe ya kaɗe rigarsa. "Na gode, Malam. Ashe a gidanmu aka haifi waliyyi ban sani ba." Ya tafi, ko waiwaye bai yi ba.

Malam Tanimu bai jira la'asar ba. Ya rufe shago, teloli na ta ƙorafi, ya ɗauki sukudirebansa ya kama hanya da ranar nan tsaka. Da ya isa bai danna ƙararrawa ba, don ya san a aljihunsa za ta yi kuka. Ya ja gefe ya yi sallama sau uku. Hajiya Turai ta fito, suka gaisa, ya faɗa mata komai game da na'urar, bai rage ba.

Fuskarta ta canza. "Malam, kwana nawa?"

"Tara, Hajiya."

"Me ka gani?"

"Mai ruwa sau ɗaya. Ke sau ɗaya, kina shara. Daga nan na daina dubawa, amma laifina ne da ban zo a ranar ba."

Ta ja mayafinta ta ƙara rufe jiki. Ranta ya ɓaci, kuma tana da gaskiya. Shi kuwa yana tsaye cikin rana, bai kare kansa da kalma ɗaya ba.

Aka kira ɗansa na Legas a waya, ya ce ba a iya haɗa ta da wayar sabon mai gida sai tsohon ya cire kansa tukuna. Malam Tanimu ya miƙa wa Furera wayarsa ya ce, "Ungo 'yata, nemo inda sunana yake ki fitar da ni." Ta shiga manhajar ta ce, "Baba, akwai hotuna da yawa da ta adana. Za ka duba ko akwai naka kafin a goge?" Ya ce, "Goge duka. In akwai nawa na yafe." Ya kwance ƙararrawar daga bango, ya danne ɗan maɓallin bayanta har fitilarta ta yi ta ƙiftawa, ya mayar ya ɗaure. Furera ta haɗa ta da wayar uwarta, suka sa sabuwar lambar sirri, shi ya juya baya har suka gama. Sannan ya ce a gwada. Aka danna. Wayar Hajiya ta yi ƙara, tasa ta yi tsit. Ya ce alhamdu lillahi, ya tafi.

Kun lura da abin da bai faɗa ba? Bai ce mata uffan ba a kan abin da yayansa ya nema. Ya rufa wa matar nan asiri daga ɗan'uwansa, ya kuma rufa wa ɗan'uwansa asiri daga matar.

Sama da shekara Alhaji Gambo ba ya amsa gaisuwarsa. An yi binciken ta hanyar mutane, an ɗaura auren, Malam Tanimu yana can bayan sahu kamar baƙo, kuma abin ya ci masa rai ƙwarai. To ta ina na san labarin? Ba daga bakinsa ba. Ranar sunan 'yar da Furera ta haifa, ina wurin, Alhaji Gambo ya miƙe gaban jama'a ya tona wa kansa asiri. Ya ce, "Yau na ɗauki jikata mace, na tuna wata rana ita ma za ta tsaya a ƙofar gida." Ya waiwaya wajen ƙanensa. Ya ce, "Tanimu, taso ka zauna a nan." Ya ba shi kujerarsa, shi ya sauka kan tabarma.

Irin mutanenmu ke nan, jama'a! Mai gyaran keken ɗinki ne, ba shi da digiri, kuma da irinsa nake tinƙaho a ko'ina.

Darasin a fili yake: amana ba ta ƙarewa ranar da aka miƙa makulli, sai ka cire idonka daga abin da ya bar hannunka. Wanda ya saki mata amma yana riƙe da lambar sirrin wayarta, da kai nake. Mai gyaran waya da ke buɗe hotunan mutane, da kai nake. Mai gidan haya da ya ɓoye makulli na biyu yana shiga in an fita, da kai nake. Ba wanda ya kama ka, na sani. Shi ma Malam Tanimu ba wanda zai kama shi. Kafin ka sa takalminka ka bar masallacin nan, duba aljihunka, ka ga ƙofar wa kake riƙe da ita. Allah ya rufa mana asiri, ya sa mu rufa na bayinsa.